Editan Rubuta Manhaja Mai Riƙe Amana: Amsoshin Tambayoyin 'Yan Koyo a Bauchi kan VSCodium da Makamantansa

Waɗannan tambayoyi daga bakin matasan da ke koyon rubuta manhaja a nan Bauchi na tattaro su. Wasu ɗaliban Jami'ar Abubakar Tafawa Ɓalewa ne daga Yelwa da Gubi, wasu daga kwalejin kimiyya da fasaha ta tarayya da ke Gwallameji, wasu sun shigo ta shirin 3MTT da gwamnatin tarayya ta fara a 2023, wasu kuwa a waya suka fara ba tare da shiga kowane aji ba. Duk sabon rukunin da ya zauna, tambayoyin nan ne ke dawowa. Na fi yin magana kan edita mai suna VSCodium domin shi nake ɗora wa mafi yawansu, amma inda wani edita ya fi shi dacewa zan faɗa.

Mene ne edita, kuma me zai hana in rubuta kod ɗina a Microsoft Word?

Edita manhaja ce ta rubuta tsagwaron rubutu, harafi bayan harafi, babu ado a ɓoye. Word kuwa an yi shi ne don wasiƙa da rahoto, saboda haka yana cusa bayanan ado a cikin fayil, kuma yana sauya miƙaƙƙiyar alamar zance zuwa lanƙwasasshiya don ta yi kyau a takarda. Python ko JavaScript ba su san wannan lanƙwasasshiyar ba, suna cin karo da ita sai su tsaya. Editan mai rubuta manhaja yana ba ka lambar kowane layi, yana bambanta sassan kod da launi, yana nuna maka bakar da ka buɗe ba ka rufe ba. Matsayinsa a wurinka shi ne matsayin keken ɗinki a wurin tela: a gabansa za ka yini, kuma duk aikin da aka ba ka ta cikinsa zai wuce.

Idan an ce manhaja "buɗaɗɗen tushe" ce, ana nufin kyauta ce?

Ba abu ɗaya ba ne. Mai masa za ta iya ba ka masa biyar kyauta, ka ci ka gode, amma ba ka san abin da ke cikin ƙullun ba. Daban ne idan ta kira ka ta nuna maka shinkafar, da yadda take jiƙawa da markaɗe, ta kuma ce ka je ka soya taka, ka sayar in ka ga dama. Na biyun shi ne buɗaɗɗen tushe: kod ɗin da aka gina manhajar da shi yana fili, kowa na iya karantawa, ya gyara, ya rarraba. Manhajoji da yawa kyauta ne amma tushensu a rufe yake, sai dai ka yarda da abin da mai su ya faɗa maka. A buɗaɗɗen tushe, gani ya kori ji.

Lasisi ne ke tabbatar da wannan 'yanci, kuma iri biyu za ka fi haɗuwa da su. GPL, wanda ya fito a 1989 daga aikin GNU da Richard Stallman ya fara a 1983, yana sharɗanta cewa duk wanda ya gyara manhajar ya rarraba, dole ya buɗe gyaransa. Lasisin MIT ya fi sassauci: yana barin mutum ya ɗauki kod ɗin ya ƙara nasa ya rufe. Ka riƙe wannan bambanci, domin shi ne tushen amsa ta gaba.

Ai an ce VS Code ma buɗaɗɗe ne. To me VSCodium ya zo yi?

Microsoft ya fito da editan Visual Studio Code, wato VS Code, a watan Afrilun 2015, ya kuma saki tushensa ƙarƙashin lasisin MIT a Nuwamban shekarar. Wannan gaskiya ne. Amma manhajar da kake saukewa daga shafin Microsoft ba tushen nan tsagwaronsa ba ce. Kamfanin yana ɗaukar kod ɗin, ya ƙara tambarinsa, da adireshin kasuwarsa ta ekstenshin (ƙananan manhajojin da ake liƙa wa edita), da saitin aika rahoto gida, sannan ya fitar da ita ƙarƙashin wani lasisi nasa wanda ba buɗaɗɗe ba ne. Lasisin MIT ya ba shi damar yin hakan, bai karya wata doka ba.

VSCodium aikin 'yan sa-kai ne da ke ɗaukar wannan tushe ɗaya su gina shi ba tare da waɗancan ƙare-ƙare ba, su kashe aika rahoto, su fitar da shi ƙarƙashin MIT. Yadda suke ginawar ma a fili yake a GitHub, shafin da masu rubuta manhaja ke ajiye kod ɗinsu. Idan ka buɗe su biyun gefe da gefe, in ban da launi da siffar tambari da wuya ka bambanta su: menu ɗaya, maɓallan gajeriyar hanya ɗaya, fayil ɗin saiti iri ɗaya. Inda bambancin ke fitowa fili shi ne wajen ekstenshin, kuma na yi bayaninsa a ƙasa, a amsar tambayar ekstenshin ɗin da aka nema ba a gani ba.

Wane irin rahoto ne VS Code ke aikawa? Kod ɗina yake kwashewa?

A nan ina so mu yi adalci, domin na ji ana ƙara wa maganar gishiri. Abin da Microsoft ya bayyana yana tattarawa iri uku ne: rahoton lokacin da manhajar ta faɗi, rahoton kurakurai, da bayanin yadda ake amfani da ita, kamar waɗanne sassa aka fi taɓawa da tsawon lokacin da take ɗauka kafin ta buɗe. Ana kiran wannan telemetiri. Bai ce yana ɗaukar abin da ke cikin fayilolinka ba, kuma za ka iya rufe ƙofar da kanka ta hanyar mayar da saitin `telemetry.telemetryLevel` zuwa `off`.

Abin da ya sa duk da haka na fi son VSCodium shi ne inda aka ajiye nauyi. A VS Code ƙofar a buɗe take zuwa, kai ne za ka sani ka je ka rufe, kuma ɗan koyo da ya girka manhajar jiya bai ma san akwai ƙofar ba. A VSCodium a rufe take zuwa. Baƙon da ya yi sallama ya jira izini da wanda ya shigo sannan ya ce in ba ka so ka kore shi, ba tarbiyya ɗaya suka samu ba, ko da dukansu babu wanda ya ɗauki komai.

Ni ɗan koyo ne, ba ni da wani abin ɓoyewa. Me ya dame ni da sirri?

Yau ba ka da shi. Amma duba irin ayyukan da ake fara ba matasanmu da zarar hannunsu ya faɗa: manhajar fitar da sakamakon jarrabawa ta makarantar unguwa, rijistar marasa lafiya ta ƙaramin asibiti, lissafin bashi na mai shagon magani, littafin 'yan adashi. A cikin waɗannan akwai sunayen 'ya'yan mutane, lambobin waya, lambar NIN, cutar da wata baiwar Allah ba ta faɗa wa ko danginta ba. Sirrin ba naka ba ne, amana ce aka ɗora maka, kuma mai ba ka aikin bai san komai game da kayan aikinka ba, kai ya yarda da kai.

Akwai kuma doka. Dokar kare bayanan jama'a ta Najeriya, wadda aka sa wa hannu a watan Yunin 2023, ta kafa hukumar NDPC, ta kuma ɗora alhaki kan masu riƙe bayanan mutane da masu sarrafa su a madadinsu. Wanda ya rubuta manhajar kuma yake kula da rumbun bayananta yana iya faɗawa cikin rukuni na biyu.

Sai dai kada ka ɗauka sauya edita ya gama maka komai. Ɓarakar da na fi gani ba ta telemetiri ba ce. Ita ce mutum ya rubuta kalmar sirrin rumbun bayanai a cikin kod ya tura GitHub a buɗe, ko ya liƙa jerin sunayen ɗalibai na gaske a akwatin hira da manhajar basira (AI) don ta gyara masa kuskure. Duba amsoshi biyu na ƙasa, kan amincin ekstenshin da kan mataimakan basira.

Wato VSCodium ba ya taɓa intanet ko kaɗan?

Yana taɓawa. Yana leƙawa ya ga ko akwai sabon fitowa, yana tuntuɓar kasuwar ekstenshin idan ka yi bincike ko lokacin duba sabuntawa. Idan kana so ya yi shiru, mayar da `update.mode` zuwa `none`, ka kashe `extensions.autoUpdate` da `extensions.autoCheckUpdates`. Amma idan ka yi haka ka ɗauki nauyin sabuntawa da hannunka lokaci zuwa lokaci, domin gyaran ramukan tsaro ta nan yake zuwa.

A ina zan samo shi, kuma yaya zan san wanda aka ba ni a filashi na gaske ne?

Daga shafin vscodium.com ko shafin fitowarsa a GitHub. Mai Windows na iya amfani da `winget`, mai Mac da Homebrew, mai Linux da Flatpak ko ma'ajiyar tsarinsa. Kada ka sauke shi daga shafukan nan masu maɓallin saukewa guda huɗu da tallace-tallace suna walƙiya.

Na san yadda muke yi: mutum ɗaya ya sauke, filashi ta zaga ɗaki goma a hostel. Ba laifi, lasisin ma ya halatta. Matsalar ita ce filashin da ta shiga kwamfutoci ashirin da shagon buga takardu biyu tana iya ɗauko abin da ba a aike ta ba. Maganinsa mai sauƙi ne. Kowane fayil da masu VSCodium suka fitar yana da wata doguwar lamba a gefensa mai suna SHA256, kamar zanen yatsa. A Windows buɗe tasha, wato tagar rubuta umarni, ka rubuta `certutil -hashfile` sai sunan fayil ɗin sai `SHA256`, a Linux kuwa `sha256sum` da sunan fayil. Ka gwada lambar da ta fito da wadda ke shafinsu. Duba shafin ba zai ci maka data ba, ko a waya za ka iya. Idan ko harafi ɗaya ya saɓa, goge fayil ɗin.

Data ta yi tsada. Zan iya aiki da shi babu intanet?

Ƙwarai. Saukewar farko ce ke cin kimanin megabait ɗari ko fiye, bayan nan rubutu, bincike, gwada kod da ajiye tarihi a Git (manhajar adana tarihin sauye-sauyen kod) duk a kan kwamfutarka suke faruwa. Ekstenshin ma ana sauke su a matsayin fayil mai ƙarewa da `.vsix`, a raba a filashi, a girka ta zaɓin Install from VSIX.

Ga wanda ba shi da kwamfutar kansa, akwai dabarar da nake so ƙwarai. Sauke nau'in zip, ka warware shi a filashi, ka ƙirƙiri folda mai suna `data` a gefen manhajar. Daga nan duk saitinka da ekstenshin ɗinka a cikin wannan folda za su zauna. Ka je kafe ko ɗakin kwamfuta na makaranta, ka soka filashi, ka yi aikinka, ka zare ka tafi da editanka a aljihu. Sai dai ka tuna kwamfutar ba taka ba ce, kada ka shigar da kalmar sirri mai muhimmanci a kanta.

Laftof ɗina ta hannu ce, ram ɗinta gigabait 4. Za ta ɗauka?

Za ta ɗauka, amma da nishi idan ka haɗa shi da burauza mai shafuka goma sha biyar. Dalili shi ne VS Code da VSCodium duka an gina su a kan Electron, wato kusan burauzar Chromium ce sukutum aka naɗe ta zama manhaja. Cire telemetiri bai rage wannan nauyi ba, duk wanda ya ce maka VSCodium ya fi sauƙi nesa ba kusa ba bai gwada ba. Sababbin fitowarsa kuma ba sa aiki a Windows 7.

Idan injin ya tsufa sosai, kada ka wahalar da kanka. Geany yana buɗewa nan take a Windows da Linux, yana kuma da maɓallin gwada kod. Notepad++, wanda Don Ho ya fara a 2003 ƙarƙashin GPL, 'yan megabait ne kawai, amma na Windows ne. Kate na KDE yana tsakiya, ya fi waɗannan kayan aiki, bai kai VSCodium nauyi ba. Dukansu buɗaɗɗu ne. Tunda kuma Microsoft ya kawo ƙarshen tallafin Windows 10 na yau da kullum a ranar 14 ga Oktoba, 2025, kuma yawancin tsofaffin laftof ɗin da ke hannunmu ba su cika sharuɗɗan Windows 11 ba, wannan lokaci ne mai kyau na gwada Linux Mint mai Xfce a kansu.

Batirina ya mutu, da an ɗauke wuta kwamfutar ke mutuwa. Yaya zan tsira da aikina?

Abu na farko da zan sa ka yi ranar da ka girka shi: mayar da `files.autoSave` zuwa `afterDelay`. Zai riƙa ajiye fayil ɗin bayan kimanin daƙiƙa ɗaya da tsayawarka. Akwai kuma sashen Timeline a ƙasan jerin fayiloli, wanda ke riƙe tsofaffin ajiyoyi ko da ba ka amfani da Git. Editan Vim yana da tasa hanyar: yana rubuta fayil na wucin gadi mai ƙarewa da `.swp`, idan wuta ta dawo sai ka rubuta `vim -r` da sunan fayil ka farfaɗo da aikin.

Waɗannan suna kare ka daga ɗaukewar wuta ne kawai, ba daga mutuwar faifai ko satar laftof ba. Don haka ka koyi Git, wanda Linus Torvalds ya rubuta a 2005, kuma ba ya buƙatar intanet kafin ya ajiye tarihi. Ka riƙa kwafe aikin zuwa wani wuri daban. Kowace shekara sai na ga ɗalibin ajin ƙarshe da furojet ɗinsa ya tafi saura mako biyu ya kare shi, kuma babu abin da ke ɓata mini rai irin wannan, domin minti goma na koyo da ya hana.

Na nemi wani ekstenshin da na gani a bidiyo, ban gan shi ba. Me ya faru?

Ekstenshin su ne ƙananan manhajojin da ake liƙa wa edita don ya iya wani yare ko wani aiki. Sharuɗɗan kasuwar Microsoft sun taƙaita amfani da ita ga manhajojin kamfanin, saboda haka VSCodium yana ɗauko nasa daga Open VSX, kasuwar da gidauniyar Eclipse ke kula da ita. Yawancin sanannun suna can, kamar Prettier da ESLint da na Python. Waɗanda ba za ka samu ba su ne waɗanda Microsoft ya rufe tushensu ya kuma ɗaure su ga VS Code: Pylance, Live Share, Remote SSH, da ekstenshin ɗinsa na C da C++.

Akwai madadi. Ga C da C++, clangd yana aiki sosai. Ga Python akwai basedpyright ko Jedi. Ga shiga sabar daga nesa akwai Open Remote SSH. Abin da ya sa madadin ke yiwuwa shi ne wata ƙa'ida mai suna LSP da ta fito a 2016, kuma Microsoft ne ya assasa ta, a ba shi haƙƙinsa. Ita ce ta raba ilimin yare daga edita, shi ya sa clangd ɗaya ke aiki a VSCodium da Kate da Neovim da Emacs.

Za ka ga ana koyar da yadda ake juya VSCodium ya koma kasuwar Microsoft. Ba na ba da wannan shawara, domin ya saɓa sharuɗɗan masu kasuwar. Idan aikin da ke ciyar da kai ya dogara kan ɗaya daga cikin waɗancan rufaffun, yi amfani da VS Code ka kashe telemetiri kamar yadda na nuna a sama. Ba abin kunya ba ne.

Tunda komai a buɗe yake, ke nan duk ekstenshin ɗin da na girka amintacce ne?

A'a, kuma wannan ita ce amsar da na fi so ka riƙe. Ekstenshin yana gudana da ikon da kake da shi a kwamfutarka: yana iya karanta fayiloli, ya aika su waje, ya gudanar da umarni. An sha kama miyagu a kasuwar Microsoft da Open VSX duka, galibi masu kwaikwayon sunan wani sananne da sauya harafi ɗaya. Wasu na ƙwarai ma suna da nasu telemetirin da saitin edita ba lalle ya kashe ba.

Buɗe tushe yana ba da damar a duba ne, ba ya nufin an duba. A watan Maris na 2024 wani injiniya mai suna Andres Freund ya lura shiga sabar daga nesa ta SSH ya ƙara jinkirin kimanin rabin daƙiƙa, ya bi diddigi, ya gano ƙofar baya da aka dasa a xz, ƙaramar manhajar matse fayil da ke cikin kusan kowane Linux. Wanda ya dasa ta ya shafe fiye da shekara biyu yana taimakawa a aikin har aka amince da shi. An kama shi domin ana iya dubawa, amma saura ƙiris ta bazu. Saboda haka ka taƙaita: girka abin da kake buƙata yau, duba sunan mawallafi da kyau, leƙa ma'ajiyar tushensa ka ga ko tana raye. Idan kuma ka buɗe foldar da ka sauko da ita daga wani wuri edita ya tambaye ka ko ka amince da masu ita, kada ka danna amincewa don ka huta da tambayar.

Yaya batun Copilot da sauran mataimakan basira?

Galibinsu suna aiki ne ta hanyar aika ɓangaren kod ɗinka zuwa sabar kamfaninsu, amsa ta dawo. Ke nan idan ka girka VSCodium don sirri sannan ka liƙa masa irin wannan ba tare da tunani ba, ka kulle taga ka bar ƙofar zaure a buɗe. A 2023 kamfanin Samsung ya taƙaita wa ma'aikatansa amfani da ChatGPT bayan wasu sun liƙa kod ɗin cikin gida a ciki. Don aikin koyo na kanka babu damuwa sosai. Don aikin wani, ka nemi izininsa, ka cire kalmomin sirri da mabuɗai, ka maye bayanan mutane na gaske da na ƙirƙira. Ana iya gudanar da irin waɗannan a kan kwamfuta ba tare da intanet ba ta manhajoji kamar Ollama, amma suna son ram mai yawa, laftof ɗin da muka yi maganarta a sama ba za ta iya ba.

Me ya sa ƙ da ɗ da ɓ ke rikiɗewa su zama wasu alamomi?

Kwamfuta lambobi take ajiyewa, kuma akwai tsare-tsare daban-daban na fassara lamba zuwa harafi. A tsarin UTF-8, harafin ƙ bait biyu ne. Idan wata manhaja ta karanta waɗannan biyun da tsohon tsarin Windows na Yammacin Turai, sai "ƙasa" ta fito "Æ™asa". Rubutun bai lalace ba, karatun ne ya karkace. Dubi ƙasan editanka ta dama, za ka ga an rubuta UTF-8. Idan wani abu ne daban, danna shi ka zaɓi Reopen with Encoding, sai rubutun ya daidaita sannan ka ajiye da UTF-8. Idan ka ajiye kafin ka gyara karatun, a nan ne ɓarnar ke zama ta dindindin. Shafin HTML ɗinka ya bayyana UTF-8 a kansa, rumbun MySQL kuma ya kasance `utf8mb4`. Mai PHP ya sani `strlen` zai ce "ƙasa" biyar ce domin bait yake ƙirgawa, `mb_strlen` ne zai ce huɗu.

Wajen bugawa, Windows yana da tsarin kibod na Hausa da za ka ƙara a saitin harshe, akwai kuma Keyman, wanda shi ma buɗaɗɗe ne. A Vim, kana cikin yanayin rubutu, danna Ctrl da V, sai u, sai 0199, ƙ za ta fito. Ƙaramar ɗ ita ce 0257, ɓ kuma 0253. Idan VSCodium ya zana ƙaramin akwati a kan waɗannan haruffa, gargaɗi ne kan harafin da bai saba da shi ba, za ka iya halatta su a `editor.unicodeHighlight.allowedCharacters`. Wajen bincike kuma "kasa" ba za ta nemo "ƙasa" ba, tunda mutanenmu suna rubuta duka biyun, kunna binciken regex ka rubuta `[kƙ]asa`.

Wanda ya fi waɗannan cizo shi ne alamar hamza. Duk wanda ya taɓa shigar da ƙananan hukumomin Bauchi 20 a rumbun bayanai ya san inda abin ke tsayawa: Jama'are. Alamar da ke tsakiyar sunan tana rufe zancen SQL, yaren ba rumbun bayanai umarni, kafin lokaci. Haka Mu'azu, Asma'u, Sa'adatu, 'Yankari idan an rubuta ta da alama. Editanka zai nuna maka tun kafin ka gwada, domin launin layin zai sauya daga wurin alamar. Kada ka magance ta da goge alamar daga sunayen mutane. Yi amfani da tambayar SQL mai gurbi, wadda ake miƙa mata bayanin daban da umarnin, domin ramin da Jama'are ta faɗa shi ne wanda ɓarayin bayanai ke shiga ta cikinsa. Itas/Gadau ma tana jiran wanda zai yi sunan fayil ko adireshin shafi da ita.

Ina aiki da rubutun ajami. Wanne ya fi?

VSCodium zai nuna haruffan, amma idan layi ya haɗa rubutun dama zuwa hagu da na boko, motsa alamar rubutu da zaɓen kalma suna wahala. Emacs ya samu cikakken tallafin rubutu mai fuska biyu tun fitowa ta 24 a 2012, shi zan nuna maka. Ka kuma nemi salon harafi mai ɗauke da haruffan ajamin Afirka ta Yamma, kamar Harmattan ko Alkalami na SIL.

Waya kawai nake da ita. In haƙura sai na sayi kwamfuta?

Kada ka haƙura. Sauke Termux daga F-Droid, ka rubuta `pkg install python git neovim`, ka sami Python da Git da edita a wayar Android. Idan baƙin allo ya tsorata ka, Acode edita ne buɗaɗɗe mai fuska irin ta sauran manhajojin waya, ya dace da HTML da JavaScript. Ƙaramin kibod da igiyar OTG za su sauya maka aikin gaba ɗaya. Abin da ka koya a Termux umarnin Linux ne na gaske, ranar da kwamfuta ta zo ba za ka fara daga farko ba.

Ana ta zuga Vim da Emacs. Dole ne in koye su? Kuma yaya ake fita daga Vim?

Danna Esc, rubuta `:wq` ka ajiye ka fita, ko `:q!` ka fita ba ajiya. Wannan kam dole ka sani, domin ranar da ka shiga sabar daga nesa, vi ko nano za ka tarar, ba VSCodium ba. Abin da ke ruɗa mutane shi ne Vim yana da yanayin ba da umarni da yanayin rubutu, `i` ke kai ka na biyun. Umarnin `vimtutor` zai koya maka tushen a kimanin rabin awa.

Da tsohuwar zuma ake magani: Bill Joy ya rubuta vi a 1976, GNU Emacs ya fito a 1985, Bram Moolenaar ɗan ƙasar Holan ya saki Vim a 1991, Neovim ya ɓalle daga gare shi a 2014. Moolenaar ya kula da Vim har rasuwarsa a watan Agustan 2023, kuma abin da yake roƙon masu amfani da shi shi ne su taimaka wa yara mabuƙata a Kibaale ta ƙasar Yuganda. Amma ban yarda ɗan koyo ya haɗa koyon yaren manhaja da koyon Vim a wata ɗaya ba. Fara da mai sauƙi, idan hannunka ya zauna ka dawo.

Malaminmu da duk bidiyon da nake kallo VS Code suke amfani da shi. Ba za a bar ni a baya ba?

Duk abin da suka danna yana wuri ɗaya a naka. Bambancin da za ka gani shi ne umarnin buɗe shi daga tasha `codium` ne maimakon `code`, sai batun ekstenshin da na yi bayani. Fayil ɗin da ka miƙa wa malam tsagwaron rubutu ne, babu wata alama da ke nuna editan da ya rubuta shi. Mai ɗaukar aiki ma kod ɗinka zai duba.

Idan 'yan sa-kan nan suka gaji suka daina fa?

Yana iya faruwa, kuma manyan kamfanoni ma suna dainawa. GitHub ya fito da editan Atom a 2014, Microsoft ya sayi GitHub a 2018, aka rufe Atom a ranar 15 ga Disamba, 2022. Da yake tushensa a buɗe yake, wasu suka ɗauka suka ci gaba da shi da sunan Pulsar, wasu daga cikin waɗanda suka ƙirƙire shi kuma suka gina Zed da yaren Rust, suka buɗe tushensa a Janairun 2024. Zed yana da sauri, amma yana zuwa da telemetirinsa a kunne, sai ka kashe. Gaskiyar da ya kamata ka sani game da VSCodium ita ce ya dogara kan Microsoft ya ci gaba da sakin tushen VS Code. Ko me ya faru, fayilolinka za su buɗe a kowane edita da na ambata a nan.

Na riga na saba da VS Code. Yaya zan kwashe saitina in koma?

Ba sai ka cire VS Code ba, suna zama tare a kwamfuta ɗaya ba tare da rikici ba. A Windows shiga `%APPDATA%\Code\User`, ka kwafi `settings.json` da `keybindings.json` da foldar `snippets` zuwa `%APPDATA%\VSCodium\User`. A Linux wuraren su ne `~/.config/Code/User` da `~/.config/VSCodium/User`. Sannan rubuta `code --list-extensions` ka ga jerin abin da ka tara, ka bi shi ɗaya bayan ɗaya, ka girka waɗanda ka yi amfani da su a watan nan kawai ta `codium --install-extension` da sunan kowanne. Wanda bai samu ba, koma amsar Open VSX ka nemi madadinsa. Ka ba shi mako biyu a kan aiki na gaske kafin ka yanke shawarar wanda zai zauna.